Ganyen Huhu

An ɗauke wuta a Aboabo tun la'asar,
na kwashi takarduna na koma rumfar Kawu Mazadu,
inda haske ke ɗan jinkiri kafin ya tafi.
Yana zaune kan buhu, ƙafa a miƙe,
yana tsintar goro: fari nan, ja can,
mai sankara a wurga a kwano.

Ya ce, Fusaina, me ke cin ki?
Na ce, mutanen Yunan, Kawu,
waɗanda ƙasa ta rufe tun kafin Annabi Isa.
Malaminmu ya ce mu tsamo hujjarsu,
mu jera ta ɗaya, biyu, uku,
mu zubar da sauran.

Ya ce, mene ne sauran?

Na ce, wani ya auna tasa da ma'aunin waƙa,
kowane baiti da takunsa.
Wani ya jefo tasa guntu-guntu kamar karin magana,
ya juya baya ya bar ka da ita.
Wani kuwa bai taɓa cewa "ni na ce" ba.
Sai ya tara mutane a inuwa,
wannan ya tambaya, wancan ya amsa,
a yi ta zagaye har rana ta faɗi,
a watse ba a yanke ba.
Shafi arba'in, Kawu. In ka matse, layi biyar.

Bai amsa ba, don ga mai saye,
wani dogo daga Bawku, ƙurar mota a girarsa.
Ya ɗaga ganye, ya fasa ɗaya, ya ɗanɗana.
Nawa? Kawu ya ce, taya.
Ya taya. Albarka.
Ya ƙara sidi goma, ya kushe ɗanyen,
Kawu ya tambaye shi ruwan sama a garinsu,
da kuɗin mota, da wanda ya sayar masa bara,
da ko goron bara ya kai Sallah.
Mutumin ya yi shiru. Bai kai ba.
Suka hau, suka sauka, har aka kira magariba.
Albarka. Ya saɓa jakarsa ya tafi.

Na ce, kun ɓata sa'a guda a banza.
Ya ce, da na rubuta kuɗin a kwali na rataye,
da ya karanta, da kuɗina ne ni kaɗai.
Wanda muka hau muka sauka muka kusa,
shi ne nasa, da ƙafarsa ya zo wurin.
Yau bai saya ba,
amma babu mai cutarsa gobe a Kejetia.

Ya jawo ganye mai laima, ya shimfiɗa,
ya jera goro, ya naɗe, ya ɗaure.
Ba a cin wannan, ya ce, ba a auna shi,
ba wanda ya taɓa biyan kuɗinsa.
To kwance ki kai Legas tsirara mu gani.

Na ce, ashe ganye ne hujjar?
Ya ce, ni na ce?
Ya yi dariya har tari ya kama shi.

Wuta ta dawo, yara suka kwashe da ihu a layi.
Ya ba ni ƙwarya guda a ƙunshe, ta hanya.

Ranar Litinin na miƙa layi biyar ɗin,
ɗaya, biyu, uku, tsaf kamar haƙoran mataji.
Malam ya sa jan biro ya ce madalla.
Goron da na kwance na bari kan tebur
ya yanƙwane kamar kunnen tsohuwa.
Sauran na cikin ganye, da sanyinsu.

Takardar tana hannunsa, makin yana hannuna.
Ni dai har yau ban ce na sallama ba.